Fuskar Marlis, Muryar Wata

Lübeck, 20 ga Oktoba, 1963

Zuwa ga ƙanwata Marlis,

Gaisuwa mai yawa, da fatan takardar nan za ta same ki cikin ƙoshin lafiya. Ni ƙalau nake, in ban da gwiwar nan da ke sanar da ni zuwan sanyi tun kafin rediyo ya faɗa. Mutti, mahaifiyarmu, kuma zuciyar da ɗan sauƙi, amma idon ya tafi gaba ɗaya. Ba zan ɓoye miki ba. Yanzu haske da duhu kawai take bambancewa, likita kuma ya ce a bar wa Allah. Saƙa dai ba ta daina ba, ta ce yatsunta ba su taɓa neman izinin idonta ba.

Katinki ya iso. Babban matsayi a fim ɗin opera, wasan nan na waƙa zalla, kuma za a nuna a talabijin ranar Lahadi takwas ga Disamba da yamma! Na karanta mata har sau uku. A na ukun ta ce, "Ke Gudrun, karanta mini yadda ita za ta faɗa mana." Na gwada. Ta ce, "Bari, bari. Ke ko labarin biki kika karanta sai ya koma sanarwar jana'iza." Can kuma ta ce, "Tun kafin su gina katangar nan a Berlin rabona da muryar yarinyar nan. Takarda ba ta da murya."

To, kin ji abin da ke ranta. Fuskarki ta riga ta haƙura da ita. Muryar take jira.

Mu ba mu da talabijin, amma Herr Brodersen, maƙwabcinmu da ƙofarsa ke kallon tamu, yana da shi, kuma ya ce tasharku ta ƙetaren iyaka tana kamawa a nan in an juya eriya. Sai da ya yi ta gunaguni tukuna. "Ni tashar can ba na kallonta, Fräulein Gudrun, ko kyauta. Amma don mahaifiyarki zan hau rufin nan, in na faɗo ku binne ni da eriyar." Mutti ta ce masa, "Kar ka faɗo kafin Disamba."

Na fitar mata da shuɗiyar rigarta ta zuwa coci na goge, ta ce ita za ta sa ranar. Kullum da safe sai ta tambaye ni saura yaushe.

Na aiko miki da gahawa da safa da ɗan sabulu. Ki sanar da ni abin da ya iso. Allah ya ba da sa'a a wannan aiki, ya sa a gama lafiya.

Yayarki,
Gudrun

Berlin, 5 ga Nuwamba, 1963

Yaya Gudrun,

Ina gaishe ki, ina gaishe da Mutti, da fatan gwiwa ta lafa. Lafiyata lau. Gahawa da sabulu sun iso, safar kuwa ina jin ta samu ƙafa a hanya. Labarin idon Mutti na karanta shi a tsaye bakin ƙofa, ban iya hawa bene ba sai da na zauna a matakala.

Addu'arki ta sa'a na gani, amma ba zan ce na gode ba, kar ki ji haushi. A sana'armu ba a godiya in an yi wa mutum fatan sa'a, wai sa'ar tana gudu. Na san za ki ce camfi ne. Camfi ne. Amma ni ba zan zama ta farkon gwadawa ba.

Yanzu ga muhimmiyar magana, ki karanta da kyau. A fim ɗin nan ba ni nake waƙar ba. Haka ake yin fim ɗin opera a nan: mawaƙa su shiga ɗaki su rera komai tun watanni kafin a fara, a ɗauka a faifai, sannan a kawo mu 'yan wasa mu tsaya gaban kyamara muna motsa baki. Tawa muryar ta wata Frau Tittel ce daga Dresden, mace mai jiki, mai fara'a, ta kusa sittin. Muryar kamar ta budurwa, amma darakta ya ce kyamara ba ta da kunne, ido gare ta. Ni kuma, ya ce, ina da fuska amma in na rera waƙa karnuka za su taru. Sai aka haɗa mu biyu aka yi mace ɗaya.

Sau ɗaya na gan ta. Ta kama haɓata ta juya ni hagu da dama, ta ce, "To, ba laifi. Ki kula mini da ita, 'yata, kar ki buɗe baki kamar kifi."

Tun daga nan nake zaune da ita a ɗakina. In kunna faifai, in tsaya gaban madubi, in ta ja numfashi in ja, in ta riƙe in riƙe. Na san inda take haɗiye yawu. Akwai ranakun da nake wuni ban furta kalma ɗaya da muryata ba, sai in je siyan burodi in ji kaina na ce "ina kwana" in firgita, kamar baƙuwa ce ta yi magana.

Don haka, Yaya, ki faɗa wa Mutti tun kafin ranar. Daga farkon fim har ƙarshe babu ko tari nawa a ciki. Ke ki kalla, ki ba ta labarin rigunan. Amma kar ki zaunar da ita da rigar coci tana jiran abin da ba zai zo ba.

Na sake neman izinin zuwa dubiya. Amsar irin ta bara ce.

Ƙanwarki,
Marlis

Lübeck, 10 ga Disamba, 1963

Marlis,

Ina fatan kina lafiya, don ban sani ba. Tun katin nan na Oktoba ban ga ko layi ɗaya daga gare ki ba. Kullum ina leƙa akwatin wasiƙu har mai kawo wasiƙa ya fara jin kunyata. Ni lafiya. Mutti ce ba na jin daɗin yadda take.

Shekaranjiya muka kalla. Kafin in sa mata riga in kai ta ɗakin Herr Brodersen a hankali, muna tsayawa tana hutawa, har an wuce sunaye an fara. Ya ajiye mata kujera dab da akwatin, ya yanka kek. Ana cikin kaɗe-kaɗe sai ga ki kin fito daga wata ƙofa da farar riga, gashinki a sake. Marlis, kin rame, amma ke ce, har da yadda kike karkatar da kai. Na kama hannunta na ce, "Mutti, ga ta nan! Ga ta nan!"

Kika buɗe baki. Mutti ta miƙa wuya, ta juya kunnenta mai kyau wajen akwatin. Ta daɗe a haka. Sannan ta ce, "Yaushe za ta fara?"

Na ce, "Ai ita ce wannan."

Ta ce, "Wannan?"

Na ce, "Da idona nake ganin bakinta, Mutti."

Herr Brodersen ya ce, "Kai, Frau Jahnke, kin haifi abin alfahari. Wannan murya ai ta isa tsayar da jirgin ruwa."

Ta ce, "Muryar da kyau. Allah ya bar wa uwarta ita." Ta zare hannunta daga nawa, ta ce, "Ni ba ni da 'ya a cikin akwatin nan. Mai da ni ɗaki."

Na yi ta lallashi, na ce mata wataƙila horon da suke ba ku ne ya canza miki murya, don ni ma abin da na ɗauka ke nan. Ta cire rigar da kanta, ta ce in mai da ita ƙasan akwati. Jiya romo kawai ta kurɓa, yau ko shi ba ta taɓa ba. Saƙar ma ta ajiye.

Ban san me zan ce ba. Ni da kike gani ban taɓa zama na saurari opera ba, wasan da ko ruwa mutum zai roƙa sai ya rera. Amma da na koma ni kaɗai na ƙarasa kallon, sai na riƙa rufe ido ina saurare kamar ita, kuma gaskiya ban ji ki ba. In na buɗe ido ke ce, in na rufe wata ce.

Ki rubuto ki faɗa mini abin da na gani. Kuma in wani abu na yi miki da ya sa kika yi shiru, ki faɗa, in nemi gafara.

Gudrun

Berlin, 22 ga Disamba, 1963

Yaya Gudrun,

Ina lafiya. Barkanku da Kirsimeti.

Na rubuto miki tun farkon Nuwamba na bayyana komai, cewa muryar ta wata mawaƙiya ce, ni fuska kawai na bayar, na kuma roƙe ki ki faɗa mata tun da wuri. In ba ta iso ba, to kin san inda wasiƙu suke kwana a hanya.

Amma maganar Mutti na gane ta sarai. Ba ta da 'ya a cikin akwatin. Ai ba yau ta fara ba. Ranar da na ce zan shiga makarantar wasa a Schwerin cewa ta yi gara in zama mai wankin kwanoni, aƙalla mai wanki tana amsa sunanta na gaskiya. Ranar da kuka tafi Lübeck na ce zan tsaya saboda gidan wasa, ba ta juyo ta dube ni a tashar jirgi ba. Na ɗauka shekaru sun tausasa ta. Na shekara goma sha biyar ina ɗaukar tire a kan dandamali kafin a ba ni wannan matsayi, jaridu sun yaba, mutane suna tsayar da ni a titi, ita kuma abin da ta samu ta faɗa ke nan.

In rashin cin abincin ne ya dame ki, ki ce mata e, horo ne ya canza muryar, na tabbatar miki da kaina. Ki rantse mata in ta kama. A wuce wurin.

Kirsimeti a nan zan yi, a ɗakina. Matar da nake haya a gidanta ta ce za ta rage mini agwagwa.

Marlis

Lübeck, 12 ga Janairu, 1964

Ƙanwata Marlis,

Barka da sabuwar shekara, Allah ya sa mu ga alherinta. Ni lafiya. Mutti ta ƙara ramewa, likita yana zuwa a kai a kai yanzu.

Wasiƙunki biyu rana ɗaya suka iso, ta Nuwamba da ta Disamba, ta Nuwamban an manne bakinta da wani irin gam da ba naki ba. Na karanta ta na zauna ina kuka a kicin. Da ta zo a kan lokaci da duk wannan bai faru ba.

Marlis, kin yi wa maganar Mutti mummunar fahimta, kuma laifina ne da na rubuta miki ita haka tsirara. Ba yafe ki ta yi ba. Ni ma sai bayan kwanaki na gane. Ina gyara mata matashi ta riƙe wuyan hannuna ta ce, "Gudrun, yaushe ta rasu?" Na ce wa? Ta ce, "Kar ki mai da ni yarinya don ba na gani. Kun samo wata mai waƙa kun ce ita ce. Wasiƙun nan ma ke kike tsara su, shi ya sa suke fitowa da muryarki. A ina aka binne ta? An samu mai sa mata fure?"

Kin ji. Makokinki take yi, ita kaɗai, a cikin duhu.

Da wasiƙarki ta zo na zauna na bayyana mata gaskiya dalla-dalla, da Frau Tittel da faifai da madubi. Ta saurara har ƙarshe, sannan ta yi wata 'yar dariya da ba na son tunawa. Ta ce, "Wata da fuska, wata da murya. Gudrun, tun kina ƙarama ba ki iya ƙarya ba, kar ki fara da tsufanki." Herr Brodersen ya zo ya ce shi ma shaida ne, ya ga fuska. Ta ce, "Kai ka taɓa ganin 'yata da za ka shaide ta?" Ya fita yana share gumi.

Abin da kika ce in rantse a kai, ba zan iya ba, ki yi haƙuri. Ban taɓa faɗa mata abin da na san ba haka yake ba, kuma yanzu da ba ta da ido sai nawa, amanar ta fi nauyi. Ko da na yi ma ba zai yi amfani ba. Uwa ce.

Na je gidan waya na nemi a haɗa ni da gidan wasanku, ko a ji yadda za a yi ta ji ki. Na zauna tun safe har aka rufe, layi bai samu ba. Ko ya samu, ba ta iya sauka daga bene. Na tambaya ko za ki iya aiko da muryarki a faifai, aka ce irin wannan ba ya ƙetare iyaka.

Ban rubuto don in ɗora miki nauyi ba. Na dai ga haƙƙinki ne ki sani. Kuma maganar tashar jirgi: ba ta juyo ba ne don kar ki ga fuskarta. Ni ina gefenta, na gani.

Yayarki,
Gudrun

Berlin, 9 ga Fabrairu, 1964

Yaya,

Ina gaishe ki da ɗawainiya. Lafiyata ƙalau. Ki yafe mini wasiƙar Disamba, in kina da murhu a kusa ki jefa ta.

Ga abin da ake ciki. Fim ɗin ya karɓu, har za su yi wani, da ni da Frau Tittel kuma, matsayin ya ma fi na farko. Za a fara ɗauka farkon Maris a wani tsohon gidan sarauta can kudu, har zuwa bazara, ba mai motsawa daga wurin. Darakta ya kira ni ofis da murmushi har kunne.

A satin nan kuma na ji ana neman wadda za ta fito a wani wasan talabijin, irin wanda ake yi kai tsaye, mutane na kallo a gida a lokacin da muke yi. Matsayin mai aikin gida ne. Ta shigo da tire, ta yi magana sau biyu, ta fita. Amma da bakinta za ta yi. Ranar Lahadi sha biyar ga Maris ne.

Na koma wurin darakta na roƙi ya sake ni na mako ɗaya a tsakiya. Ya ce ba a tsayar da mutum ɗari saboda tire. Na ce to a ba wata matsayin. Ya cire tabarau ya dube ni.

"Fräulein Jahnke, kina da zazzaɓi?"

"A'a."

"Shekarunki nawa?"

"Talatin da takwas."

"To ki lissafa da kanki sau nawa kyamara za ta sake neman fuskar nan da farar riga. Na ɗauko ki daga ɗaukar tire, yanzu kin zo kina roƙona in mai da ke?"

Na ce e. Ban faɗa masa dalili ba, kin san ba kowane dalili ake faɗa a ofis ba. Ya ce, "Allah ya raka taki gona. Akwai yara ashirin a bakin ƙofa masu iya buɗe baki."

Ba zan ce miki bai yi mini ciwo ba. Na fito na yi ta tafiya a ƙafa a gefen kogi har yatsuna suka daina ji. Na dawo na ɗauke faifan Frau Tittel na sa a ƙarƙashin gado. Ɗakin ya yi tsit. Ashe ita ce abokiyar hirata duk watannin nan.

Yanzu ki saurara. Da yamma ne, bayan labarai. Ina shigowa wajen tsakiya, bayan maigidan ya fasa kofi. Ba zan iya ƙara ko kalma ɗaya a kan abin da aka rubuta ba, ba zan iya kiran sunanta ba, kin san dalili. Zan ce, "Ga shayin, yallaɓai, ya fara hucewa." Can kuma in ce, "Ana ruwa a waje, ka tafi da laima." Shi ke nan. Kar ki ce mata ga ni nan. Kar ki ce mata komai. Ki dai zaunar da ita kusa, kunnen dama wajen akwatin.

Zan aiko da wannan rana a kati uku daban-daban, ko ɗaya ya tsallake.

Ƙanwarki,
Marlis

Lübeck, 17 ga Maris, 1964

Ƙanwata, 'yar uwata Marlis,

Ina gaishe ki gaisuwar da ban san yadda zan rubuta ta ba. Muna lafiya. Ki lura, na ce muna.

Wasiƙar ta iso, kati biyu ma sun iso. Na so in rubuto in ce kar ki bar babban aikin nan, na fara har sau biyu na yage. Ban ga ina da ikon hana ki ba, ban kuma ga ina da ƙarfin ce miki ki yi ba.

Fitar da ita daga gado shi ne aikin. Ta ce ba za ta sake zama gaban akwatin nan ba. Ban yi mata ƙarya ba, na ce, "Mutti, akwai abin da nake so ki ji, ba zan faɗa miki ko mene ne ba. In kin ji kin ce a dawo, a dawo." Herr Brodersen ya shigo ya ce, "Frau Jahnke, na sake hawa rufi da wannan tsufan nawa, iska ta kusa kai ni Denmark. In ba ki zo ba, kullum sai na zo na karanta miki labarin ƙwallo." Ta ce, "Wannan azaba ta fi ƙarfina." Da shi da ni muka ɗauke ta a kujera. Ba ta da nauyi ko kaɗan, Marlis. Rigar barci ce a jikinta da bargo.

Aka fara. Wasan kansa ban gane kansa ba, wasu mutane ne ke ta gardama a kan wata masana'anta. Mutti ta sunkuyar da kai kamar mai gyangyaɗi. Hoton ya riƙa rawa, Herr Brodersen yana dukan akwatin a gefe yana zaginsa ƙasa-ƙasa. Sai mutumin ya fasa kofi. Ƙofa ta buɗe. Na cije leɓena don kar in yi magana.

Kika ce ga shayin.

Kanta ya ɗago. Hannunta ya kama bargon. Mutanen suka ci gaba da surutunsu, ta ce, "Ku yi shiru mana," su take faɗa wa. Har kika zo maganar laima, kika rufe ƙofa.

Ni ina jiran kuka. Sai ta ce, da muryar nan tata ta faɗa da kika sani:

"Mura take yi."

Na ce, "Na'am, Mutti?"

"Yarinyar nan mura take yi, ba ki ji hancinta ba? Har yanzu yawo take da wuya a buɗe. Tana ce wa wani ya ɗauki laima, ita wa ya ce mata ta ɗauka? Shekara talatin da takwas, ba hankali."

Herr Brodersen ya tashi ya tsaya bakin taga ya ba mu baya, yana ta fyace hanci, wai shi ma murar ce.

Da muka koma ɗaki ta ce, "Akwai sauran romon nan?" Ta sha, ta ce gishiri bai ji ba. Da zan fita ta kira ni ta laluba fuskata da hannu, ta ce, "Na ce kin yi ƙarya." Na ce ya wuce. Ta ce, "Bai wuce ba sai na ce ki yafe." Na yafe, ko da yake ban ga abin yafewa ba.

Ba zan ruɗe ki ba, likita ya ce zuciyar tana nan yadda take, ba a san gawar fari ba. Amma jiya ta sa na miƙo mata ulu. Mayafin wuyan da ke cikin ƙunshin nan ita ta saƙa, ta ƙarasa wanda ta ajiye tun Disamba. Launin ya sauya a tsakiya don jan ya ƙare na ba ta ruwan toka ban faɗa mata ba, sai daga baya na faɗa, ta ce ba komai, wuya ba ya gani.

Ta ce in tambaye ki yaushe za ki sake magana.

Yayarki,
Gudrun

Berlin, 6 ga Afrilu, 1964

Yaya Gudrun,

Ina gaishe ku da kyau. Ki ce wa Mutti gaskiyarta, mura ce, na kwashe ta a bakin kogi. Ta tafi yanzu. Mayafin wuyan ya iso lafiya, ba wanda ya yi sha'awarsa a hanya, ina jin launin ne ya cece shi. Yana wuyana ina rubutun nan. Wannan kam na gode, ba ruwansa da camfi.

An ba wata yarinya matsayin. Kafin su tafi kudu na gan ta a wurin cin abinci tana motsa baki ita kaɗai a kan miyarta, na gane wace waƙa ce daga numfashinta. Na je na nuna mata inda Frau Tittel take haɗiye yawu. Darakta kuwa, kafin tafiyar, in mun haɗu sai ya ɗaga mini hula daga nesa.

Na je ofishin masu raba matsayi na ce duk wani ƙaramin abu mai magana a ba ni, maƙwabciya, mai shara, matar da ke tambayar hanya. Matar ofishin ta ce, "Ke kuwa daga sarauniya?" Na ce sarauniyar ba ta da baki. Yanzu sunana yana can ƙasan takarda, inda ba mai karantawa.

Ranar Lahadi ta ƙarshen wata ni ce mai sayar da kifi a kasuwa. Zan yi ciniki, har da ɗan faɗa. Za ta ji daɗinsa.

Abu ɗaya nake roƙo, Yaya. Ranar nan da na ce a tafi da laima na fita, sai na tsinci kaina a bayan katakon da aka zana ƙofa a jiki, da tire a hannu, ba kowa sai wayoyi a ƙasa. Na tsaya ina saurare kamar za a amsa. Ita tana jina, ni ba na jin ta. Don haka duk abin da ta faɗa in na gama, ki rubuto mini shi yadda ya fito daga bakinta, da faɗan da komai. Kar ki gyara, kar ki tausasa. Ni na iya muryarta, zan karanta wa kaina.

Ƙanwarki,
Marlis